Ranar da Aka Yi wa Baba Manasseh Allurar Barci

Duk Angwan Iya babu wanda bai san Baba Manasseh ba, babu kuma mai sakin baki in yana wurin. Direba ne na ƙaramar hukuma har ya yi ritaya, ya tuƙa ciyamomi da kansiloli da matansu. Mutanen Keffi sun yi imani duk abin da manya suka ƙulla a kujerar baya yana cikin kansa. Shi kuma bai taɓa musawa ba. In aka ambaci wani babba a hira, sai ya runtse ido ɗaya, ya ce, "Hmm, bari dai in yi shiru." Da wannan shirun ya samu bencin gaba a coci da cinyar kaza a kowane biki.

Gaskiyar magana, kunnensa na dama, wanda ke kallon fasinja, ya mutu tun yana yaro. Shekara da shekaru yana tuƙi, ban da ƙugin inji da hon babu abin da ya ji. Matarsa Judit kaɗai ta san haka.

Wata Lahadi ana tsakiyar waƙa zuciyarsa ta ƙwace. Ta yi ta dukan ƙirji kamar injin niƙa ya sami dutse, ta tsaya, ta sake zabura, jiri ya zaunar da shi. Aka ba shi ƙwayoyi ya sha wata da watanni, abin ya ƙi, aka tura shi wani asibiti a Abuja.

Likitar zuciya, Dakta Zubaidatu, ta yi masa bayani a hankali. "Baba, zuciya tana da nata lantarkin. Taka akwai wani ɗan wuri da ke ba da wuta ba a kan lokaci ba. Za mu zura siririyar waya ta jijiyar cinyarka har cikin zuciya, mu gano wurin, mu ɗan ƙona shi."

"Ciwo a ƙirji, a shiga ta cinya? 'Yata, wannan ai mai zuwa Garaku ne ya hau motar Abuja."

"Hanyar ce ta fi sauƙi, Baba, ba sai an tsaga ka ba. Kuma za a yi maka allurar barci."

Maganar allurar nan ce ta tayar da unguwa. 'Yarsu Caroline ta je kitso, ta faɗa, wata ta ce ai wanda aka yi wa allurar barci babu abin da yake ɓoyewa, ita da kunnenta ta ji mijin yayarta yana kiran sunan wata Paulina. Kafin a gama kitson labari ya kai har unguwar Liman Abaji.

Nan da nan gidan ya cika da masu dubiya. Mutanen da ba su taka ƙofar ba tun bikin ritaya suka zo da doya da kaji, kowa da shawararsa. Wani ya ce a gwada tafarnuwa da zuma tukuna. Wani ya ce azumi da addu'a sun fi waya. Wanda ya fi kowa nuna ƙauna shi ne Godwin, tsohon kansila, mutumin da a zamaninsa aka yi bikin buɗe rijiyar burtsatse wadda har yau ba ta ɗiga ba. Ya jawo kujera, ya zauna a daman Baba Manasseh, ya kai baki kunnensa, ya yi ta raɗa, gumi na zuba. Ya daɗe yana yi. Baba Manasseh yana kallon bango yana gyaɗa kai.

"To, Baba, ka dai ji yadda abin ya faru," in ji Godwin. "Ba ni kaɗai ba ne."

"Hmm," in ji Baba Manasseh.

Godwin ya fita yana share wuya, ya ce shi zai kai su Abuja da motarsa.

Shi ma Baba Manasseh tsoron allurar yake, amma nasa tsoron daban. Idan ya buɗe baki cikin maye ya ce bai taɓa jin komai ba fa? Ina bencin gaba? Da safen da za su tafi ya ja Judit gefe.

"Maman Caroline, in na fara surutu ki toshe min baki."

"Ba za su bar ni in shiga ba, Baban Caroline. Ka ji da zuciyarka."

A asibiti aka aske masa inda bai taɓa zaton baƙo zai aske ba, aka sa masa riga mai buɗaɗɗen baya, aka tura shi wani ɗaki mai sanyi cike da allunan talabijin. Likitan barci, wani saurayi mai fara'a, yana neman jijiya a bayan hannunsa, Baba ya riƙo shi.

"Ɗana, gaskiya ne mutum yana tona asiri?"

"Yawanci minshari kawai suke yi, Baba."

Bai yarda ba. Ya datse haƙora, ya fara Addu'ar Ubangiji a zuci don ya tsare harshensa. Bai kai wurin roƙon abincin yini ba barci ya tafi da shi.

Ya farka da filasta a cinya, wata nas tana cewa kada ya lanƙwasa ƙafa, ya kwanta a miƙe har yamma. Ya saurari ƙirjinsa. Zuciyar tana tafiya tiƙis-tiƙis, kamar mota sabuwar sabis. Hawaye ya zubo masa ta gefen ido, ya bar shi ya gangara.

Judit ta tambayi nas ɗin a ɓoye ko ya ce wani abu. Nas ta yi dariya. Ta ce yana farfaɗowa ya ce a gaya wa Maman Caroline gishiri yana yi wa miyarta yawa, ya daɗe yana haƙuri. Shi ke nan.

Judit ta gyara ɗaurin zane, ta fito baranda. Godwin ya miƙe tsaye har makullin mota ya faɗi.

"Mama, yaya? Ya yi magana?"

Ta dube shi tun daga hula har takalmi, ba ta ƙifta ba.

"Ya yi," ta ce. "Sosai ma."

Tun daga Abuja har Keffi Godwin bai kunna rediyo ba.

Baba Manasseh ya warke sarai. Yana hawa tudun kasuwa ba haki, ya koma bencinsa. Sai dai ya lura gaisuwa ta canja hanya. Masu wucewa sukan ɗaga masa hannu a tsaitsaye, su rusuna wa Judit. Ba ta tsaya takara ba aka zaɓe ta shugabar zumuntar matan coci. Wata safiya ma'aikata suka zo suka gyara kwalbatin ƙofar gidansu, ba wanda ya san wanda ya aiko su.

Abin ya dame shi. Wata rana suna cin tuwo ya kasa daurewa.

"Wai me na faɗa ne ranar nan?"

Judit ta tura masa kwanon miya gabansa.

"Ka faɗi abin da ke ranka. Ci abincinka."

Ya yi ta lalube a ransa, ya tuna wannan, ya tuna wancan, duk ba mai daɗi. Da ya gama ya tashi ya wanke kwanonsa da kansa, ya haɗa har da tukunya.