Ƙyallaye Tara na Anti

Ina aji uku na ƙaramar sakandare malamarmu ta aikin gida ta ce kowace ɗaliba ta ɗinka bargon ƙyallaye, shi ne jarrabawar ƙarshen zango. Ta zana mana shi a allo: sama ƙyallaye masu kusurwa huɗu a haɗe, tsakiya tsohon bargo, ƙasa farin yadi, sannan a bi duka ukun da allura. Ta ce da hannu, ban da keke. Ni ta kalla da ta faɗi haka, don ta san mahaifiyata tela ce.

A unguwar Sintali muke lokacin, gidan haya mai ɗakuna shida da igiyar shanya ɗaya. Jalingo ba ta daɗe da zama babban birnin jiha ba, ma'aikata sun cika gari, matansu kuma suna son ɗinki. Dada, haka muke kiran mahaifiyata, tana da doka ɗaya a kan kekenta: duk abin da almakashi ya rage na mai kaya ne. Takan tattara shi ta ɗaure, ta cusa cikin ɗinkin. Matan sukan kwance ɗaurin su duba tun kafin su duba rigar. Ban taɓa tambayar dalili ba. Na ɗauka rowa ce.

Dada ta ba ni tsofaffin zannuwanta biyu, shuɗi mai duhu da ruwan ƙasa, da wata rigar Baba mai ruwan toka. Na yanki kwalin sukari na yi ma'auni, na fitar da ƙyallaye tamanin da ɗaya. Na jera su a tabarma, na koma bakin ƙofa na kalla. Kamar hadarin da ya ƙi zubarwa. Na juya su, na sake juyawa, hadarin bai gusa ba.

Ran nan ina shara na janyo wani dogon ƙyalle daga bayan keke. Atamfa ce ruwan ɗorawa, mai zanen ƙananan mafitai. Na san ta Anti ce, matar akawun da ke ɗaki na uku, ita ta sa ranar bikin girbi a cocinsu. Na kuma san an riga an mayar mata da ɗaurinta, ba ta ce ya gaza ba. Na ɗora kwalina a kai, ya ba ni tara cif. Na cire tara daga cikin masu ruwan ƙasa, na jera waɗannan daga kusurwa zuwa kusurwa. Da na koma bakin ƙofa sai na ga shuɗin Dada, wanda na sani tun ina goye, ya zama wani shuɗi dabam. Na daɗe a tsaye har Dada ta tambaya daga waje ko ƙofar ce ke bukatar gadi.

Sati biyar na yi a uwar ɗaka ina ɗinki bayan an taso makaranta. Dada na fama da kayan Kirsimeti, ba ta leƙo ba. Yatsana na tsakiya ya yi kanta. Na gama ranar Juma'a, ranar Litinin za a karɓa, wadda ba ta kai ba kuma sai ta maimaita darasin. Da safiyar Asabar na wanke shi don alli ya fita, na shanya a igiya.

Anti na zaune a tsakar gida, ƙafarta ta hagu a kan 'yar kujera. Wata guda ke nan ƙafar a kumbure, an je asibiti sau biyu. Ina kallonta ta labule. Ta dubi bargon, ta kau da kai, ta sake dubawa. Sai na ga leɓenta na motsi, tana ƙirga.

Ta kira Dada. Suka gaisa sosai, har gaisuwar ta fi ta kullum tsawo. Sannan Anti ta nuna igiya da haɓa, ta ce da Hausarta ta Jalingo, "Maman yara, wancan zani na ne. Yarinyanki ya sa ni a ciki sau tara."

Dada ta je ta taɓa ƙyallen, ta dawo. Ta ce ba da saninta ba ne, aikin makaranta ne. Anti ta ce ita mai zuwa coci ce, ba ta yarda da zancen a ɗauki ƙyallen mutum a yi masa asiri ba. Dada ta ce ita ma, mai salla biyar, ba ta yarda ba. Anti ta ce sai dai wata ƙanwar kakarta a garin Iware an taɓa yankar mata bakin zane a shanya, ba ta sake taka ƙasa daidai ba. Dada ta ce ta ji irin haka. Su biyun suka kalli ƙafar. A nan na gane dalilin ɗaurin Dada.

Aka kira ni. Anti ta tambaye ni wa ya aike ni, na girgiza kai. Ta tambayi me ya sa tara, me ya sa kuma a karkace, daga wannan kusurwa zuwa waccan. Na duba ƙasa. Akwai tururuwa biyu suna jan ƙwayar shinkafa, kowace ta nufi gabanta.

"Don shuɗin ya fito," na ce.

Anti ta ce shuɗin ya nemi wata hanyar fitowa. Bargon zai tafi makaranta, hannu nawa zai taɓa shi, ita ba ta san su ba. Dada ta miƙo mini reza.

Farke ƙyalle ɗaya daga bargon da aka ɗinke hawa uku ya fi ɗinka shi wuya. Na zauna a gaban Anti ina tsinke zare ɗaya bayan ɗaya. Duk wanda na cire sai ta karɓa, ta shimfiɗa a cinya, har guntayen zaren take tsincewa. Kafin azahar bargon ya zama mai tagogi tara, tsohon bargon Baba na leƙowa ta ciki. Ban yi kuka ba, hancina ne kawai ya yi ta zuba.

Muka duba kayanmu kaf, babu ruwan ɗorawa. Akwai shi a buhun Dada kala uku, amma kowanne da mai shi. Na ɗauko masu ruwan ƙasan da na cire tun farko, na jera su a tagogin, na fara kafa allura.

Anti ta ce in ɗaga ta gani. Na ɗaga. Ta karkatar da kai, ta ce in matsa baya. Na matsa har jikin randa.

"Wannan bai yi ba," in ji ta. "Kamar an zuba miyan kuka a kai."

Dada ta ce shi ke nan abin da ke akwai. Anti ta dubi ƙyallayen da ke cinyarta, ta daɗe. Daga nan ta kawo sharuɗɗa. Ita za ta mayar da su da hannunta, don abin da mutum ya sa da kansa ba a ce an ɗauka ba. Kada bargon ya kwana a makaranta. In Malama ta gama dubawa kuma ya zama nata ita Anti, tunda ba za ta bar kanta tara a ɗakin wasu ba. Dada ta ce wannan adalci ne. Ni ba a tambaye ni ba, na dai zura mata zare a allura, don idonta ba ya ganin kafar.

Ta yi ɗinkin daga yammacin Asabar zuwa bayan cocin Lahadi. Ɗinkinta manya-manya ne, wani ya kai ƙwayar wake, kuma ta juya mafitai uku suna kallon ƙasa. Na gani tun tana kafa allurar. Na zura mata wani zaren.

Ranar Litinin Malama ta shimfiɗa shi a tebur, ta yi ta zagaya shi. Ta ce tsarin launin ya fi na kowa. Ta rage mini maki a kan layin tsakiya, ta ce da gani gajiya na yi a wurin. Sannan ta ce za a rataye shi a ofishin malamai har ƙarshen zango.

Na daɗe ina neman bakin da zan yi mata bayani. Ban samu ba, kuma ba a bukace shi ba, don a daidai lokacin maigadi ya leƙo ya ce wata mata mai ɗingishi na bakin get tun ƙarfe goma, ta ce ta zo karɓar kayanta. Malama ta fita, suka yi magana minti kaɗan, ta dawo ta naɗe bargon da kanta ta ba ni, ba ta dube ni ba.

Na ci jarrabawar. Anti ta ƙirga ƙyallayenta a bakin get, ta same su tara, ta ɗora bargon a ka, ta ce in riƙe mata jaka mu tafi gida.