Masaukin Shamuwa

A gidanmu na Gobarau akwai wata tsohuwar tsamiya, kuma duk shekara shamuwa kan sauka a kanta kafin ruwan farko. Kakata, Inna Dije, ita ce mai gadinta. Yaron da ya kuskura ya nufi sheƙar nan da danƙo, wallahi sai ya kwana da kunne mai zafi.

Bayan an ci tuwo mukan kewaye murhunta, tana tura kara a wuta tana harararmu. "Kai maigida, rufa bakin nan kar ƙuda ya shiga." Haka take tsokanata, don ni ne sarkin sakin baki in ana tatsuniya.

Wadda ta fi yi mana ita ce ta shamuwa. Wai a da ita ke ɗauko ruwan sama a ƙarƙashin fiffikenta, ta kawo wa wani gari, ta sauke a kan bishiyar wata tsohuwa. Da tsohuwar ta rasu, 'ya'yanta suka sare bishiyar suka sassaƙa turame. Shamuwa ta iso da kayanta, ta yi ta kewaya garin, ba wurin sauka. Ba ta zagi kowa ba, ta juya ta tafi.

"Ta dawo, Inna?"

"Ta dawo ta yi mi?"

A bakin murhun nan na kamu da son tsuntsaye. Na fara zana su da gawayi a bangon zaure ina shan duka, har na girma ɗaukar fim ɗinsu ya zama sana'ata.

Shekarar da soja suka koma bariki, farar hula suka karɓi mulki, kowa ya tashi gini. Kawuna ya sare tsamiyar ya fitar da shaguna. Ba a jima ba Inna ta kwanta ciwo. Abu ɗaya take roƙon Allah: ta ƙara ganin shamuwa kafin ta bar duniya.

Na saɓa kyamara na yi ta bin ƙauyuka har na sami shamuwa na ɗauke ta a fim. Na aro talabijin da bidiyo na ajiye a gaban gadon Inna. Ta daɗe tana kallo.

"Gidan wa ta sauka?"

"Ba gida ba ne, Inna. Kan turken lantarki ne, a bakin titi."

Sai ta ce, "Ashe abin har ya kai haka. Kashe, maigida." Ta juya fuskarta bango. Ba ta ga damina ba.

Na yi kuka ƙwarai, kuma sai da na manyanta na gane. Inna ba kamannin shamuwa ta manta ba. So take ta ji cewa har yanzu akwai gidan da ke karɓar ta. Na yi yawo da kyamara har gashina ya yi fari, an tafa mini a wurare da dama, amma gidan nan nake nema, ban same shi ba.