Gadon Wanda Bai Mutu Ba

A shekarata ta ƙarshe a jami'a a Alƙahira, tallafin karatun da ƙasarmu ke aiko mana ya ɗauke. Garin ma kansa bai zauna ba tun juyin juya hali, kowa ta kansa yake yi. Muna cunkushe a ɗaki ɗaya a unguwar Faisal, wake da safe, wake da dare, ga mai gida ya fara gaishe mu da ido.

Na yi ta hawa motar hayar da suke kira mikrobas zuwa ofishin jakadancinmu har takalmina ya buɗe baki. Akwai wani jami'i mai furfura, mutumin kirki, da bai ƙware a Larabcin Masar ba sai a kalma biyu: ma'alish da bukra, wato yi haƙuri, dawo gobe. Ran da ya gaji da ganina ya tura ƙofa ya ce, "Malam, gwamnati bashi take biya. Tun na layin dogon da Turawa suka shimfiɗa don kwashe gyaɗarmu. Da za su tafi suka ɗora mana. Aka ciwo wani aka biya shi, aka sake ciwo wani. Ku ne a ƙarshen layi."

Abin ya ƙona mini rai, don ni ilimin rabon gado nake karantawa, kuma ba yabon kai ba, na iya shi. A dukiyar mamaci ake fitar da bashinsa. In ba ta kai ba, ba a shaƙe magaji.

Bayan darasi na tare malaminmu, wani tsohon Bamisire mai fama da ciwon gwiwa, na shimfiɗa masa mas'alar tamkar ta jarrabawa. Na ce, "Ya Shaikh, da wane hukunci jika ke biyan abin da kakansa ma bai ci ba?"

Ya daɗe yana goge tabarau. Ya ce su ma haka aka yi musu, bashi ne ya buɗe wa baƙi ƙofar Masar. Sannan ya ce, "Ɗana, ka kawo tambayar babin da ba nata ba. Gado sai an mutu. Wanda ya bar muku wannan bashin yana raye, shi ke karɓar biyan."

Na gaji. Na samu aikin dako a wani shagon yadi a Wustul Balad, tsakiyar birnin, da niyyar in koma aji in an sako kuɗin. Ranar da 'yan ajinmu ke jarrabawar gado ina kan matakalar shagon da bandir biyu a kafaɗa, ina warware tambayoyin bara a zuci. Duk na ci su.