Yumɓun da Na Tauna a Mita Ashirin da Huɗu

A duk shekarun da na yi a aikin haƙa rijiyar burtsatse, ban taɓa mantawa da wata Laraba ta watan Maris ba. Na rubuta wannan ne saboda ku sababbin ɗauka, don na ga wasunku suna cika takardar samfuri a inuwa, hannunsu fes.

Ni Tabawa, 'yar maginan tukwane ce daga ƙasar Roni. Sai da na aurar da 'yata ta fari na shiga ajin yaƙi da jahilci. Da shara na fara a ofishin ruwa, daga baya na ci jarrabawa aka mai da ni mai ɗaukar samfuri, matakin albashi na huɗu. Duk mita uku da inji ya sauka, wato tsawon sandar haƙa ɗaya, nakan tari abin da ruwan haƙa ya fito da shi, in duba, in rubuta. Ba a zura bututu sai na sa hannu, sannan injiniya ya sa nasa. In aka zura aka zuba tsakuwa, ba sauran ƙara zurfi.

Wanda ya koya mini aikin, marigayi Malam Bukar, masanin duwatsu, ya taɓa nuna mini duwatsun Kazaure ya ce, "Tabawa, waɗannan ba a nan suka ƙare ba. In kin nufi Babura nutsewa suke yi cikin ƙasa sannu a hankali. A kansu akwai laka da yashin da tafkuna da koguna suka shimfiɗa lokacin da ƙasar nan take cike da ruwa. Daga baya hamada ta sauko, iska ta lulluɓe komai da rairayi. Jigawar da kuke shuka gero a kai, tsohuwar hamada ce."

Ranar da nake faɗa muku muna wani ƙauye ne a ɓangaren Babura, inda rijiyoyi ke ƙafewa duk bazara. Burtsatse ɗaya aka ba su, babu ta biyu. Shugabanmu Injiniya Sani ne, mataki na takwas, bai cika shekara da kama aiki ba. Mai tuƙa injin kuwa Bulus ne, mutumin Filato, tsohon hannu.

A mita goma sha takwas muka sami lallausan rairayi mai ɗan ruwa. A ashirin da huɗu inji ya rage gudu, wani abu fari-fari mai danƙo ya fara fitowa. Injiniya ya duba takardar awon ƙasa da aka yi da na'ura kafin mu zo, ya ce, "Mun iso ruɓaɓɓen dutse. A tsaya, a sa bututu a rairayin sama."

Na ɗebi abin na murza, na sa ɗan kaɗan a baki na tauna.

Bulus ya ce, "Mama, in yunwa ce akwai ƙosai a mota."

Na ce, "Riƙe ƙosanka, da man inji kake cin sa." Na juya wajen Injiniya. "Ranka ya daɗe, wannan ba dutse ba ne, yumɓu ne. Ruɓaɓɓen dutse yana gurza haƙori, kuma yana ƙyalli. Wannan sulɓi gare shi." Na mulmula shi na naɗe a yatsa, bai tsage ba. "Uwata da ta ga wannan, tulu za ta gina. Ruwa ne ya kwantar da shi, kuma ina sa ran yashin kogi a ƙarƙashinsa. Ruwan da ke sama na damina ne da ya zauna a kan yumɓu. Kafin bazara ta raba ya ƙafe."

Ya ce, "Inna, na'ura ce fa ta auna."

"Na'ura daga sama ta yi hasashe. Ni abin yana bakina."

Ya miƙo mini biro in sa hannu. Na ce, "Shekara arba'in ina dangwala yatsa a takardun da ban san abin da ke ciki ba. Ban koyi rubuta sunana don in sa shi ƙarƙashin abin da na san ba haka yake ba."

Ransa ya ɓaci, kuma da hujjarsa. Ya ce in bakin injin ya ci karo da dutse ya lalace, aiki ya tsaya, kuma takardar tuhuma da sunana za ta fita. Mai mataki na huɗu ba ta tsallake irin wannan takarda. Na ce na ji, a ba ni sanda uku. Bulus ya ce, "Oga, ni ma hannuna bai ji dutse ba. Dutse rawa yake sa sanda." Injiniya ya ce uku, ko taku ɗaya ba ƙari.

Sanda ta farko, yumɓu. Ta biyu, yumɓu. Ba zan yi muku ƙarya ba, na fara tunanin tsintsiyata ta dā, ko ita ma za a bar mini. Ta uku ta kai rabi sai ƙarar inji ta sauya, sanda ta fara sauka da sauri. Na tara ƙwarya. Yashi ne garas-garas, da tsakuwoyi mulmulallu kamar wake. Na wanke na zuba wa Injiniya a tafin hannu na ce, "Iska ba ta ɗaukar wannan. Kogi ne ya gangaro da su, tun babu kowa a wurin nan."

Ya daɗe yana juya su. Sannan ya tsuguna ya tsinci yumɓun ɗazu ya ce, "Inna, nuna mini yadda ake yi." Ya tauna, ya yamutsa fuska, ya tofar. A nan na san zai zama injiniyan kirki. Muka sa bututu a yashin, na rubuta sunana harafi-harafi, ya sa nasa a ƙasa.

Bara da bazara na bi ta ƙauyen, na tarar da mata suna buga famfon, na sha na cika gorata.

Abin da na koya shi ne ƙasa ba ta san matakin albashin kowa ba, wanda ya taɓa ta shi take gaya wa abin da ke cikinta. Saboda haka ku fito daga inuwa. Ranar Litinin farcenku zan fara dubawa, sannan takardunku.