Gwadabe da Lokacin Birgima

Duk wanda ya san bakin kogin Wudil kafin tifofi su cika shi ya san Gwadabe mai jakin yashi, kuma ya sha karatunsa ko bai tambaya ba. A wurinsa, lokacin kowane mai rai kashi uku ne: na ɗaukar kaya, na tafiya da shi, sai na birgima. Na ɗauka gajere ne, sai dai nauyi. Na tafiya shi ke cinye shekaru. Na birgima kuwa, wato idan an sauke wa jaki mangala ya kwanta yana juyi a rairayi, wannan ba ya shiga lissafin tsufa. Har tururuwa sai da ya raba mata nata. Abokan sana'arsa suka laƙaba masa Shehin Jakuna, shi ko a jikinsa. Komai saurin mai gini, ba ya tashin jakarsa Yelwa sai ta gama birgimarta.

To, sai ga kuɗin man fetur ya shigo ƙasa, gine-gine ko'ina. Ɗansa Labaran ya zama direban tifa. Abin da Yelwa za ta yi sati tana jida, shi sawu ɗaya ne. Ya roƙi uban ya huta, tunda ga bayansa ya fara ciwo. Gwadabe ya ji kamar an ce masa ya gama amfani a duniya. Kullum da sassafe sai ya ɗaura mangala ya fita, har ranar da bayan ya riƙe a cikin ramin yashi, aka kawo shi gida ranga-ranga.

Matarsa Hansai na gasa masa bayan da ruwan zafi, shi kuwa yana ta lissafin ranar komawa. Ta bari ya gama.

"Malam, kai da ka raba wa tururuwa lokacinta, ina naka kashi na ukun? Ko jaka ta fi ka gata ne?"

Gwadabe ya duba, ashe gaskiyarta ce. Tun yana ɗan saurayi yake tsaye da sanda yana jiran dabba ta huta, bai taɓa ko tsugunawa ba.

Da ya samu sauƙi ya koma bakin kogi, amma mangalar na rataye a zaure. Yelwa ta yi ta juyinta, shi kuma ya miƙe ƙafa a gindin giginya. Nan ya fara lura ashe ruwan nan launinsa da hantsi daban, da la'asar daban. Idan Labaran ya zo wucewa da lodi ya danna masa ham, sai ya ɗaga hannu ya sa masa albarka.

Wani tsohon abokin aikinsa ya taɓa tsayawa ya tambaye shi ko an yi ritaya ne.

"Birgima nake, Sabo. Allah ya ba ni ɗa mai ɗaukar kaya da mata mai sauke shi. Zauna mana, wannan zaman ba a lissafa shi."