Allurar Agogon Inji

Ɗakin saƙa ne ya cinye mini kunne. Na shiga wata masaƙa a Sharaɗa ina saurayi, da takardar firamare a aljihu, aka tsayar da ni tsakanin injinan saƙa. Wanda bai taɓa shiga ɗakin nan ba, ba zai gane irin ƙarar da ke ciki ba. Ba ma yin magana, sai nuni da hannu. In mun tashi aiki mun fito, sai ka ga bakin mai sayar da shayi yana motsi, kai kuwa ba abin da kake ji sai shuuu. Da farko shuuu ɗin kan tafi kafin gari ya waye. Daga baya ta zauna, har yau tana nan. Ba wanda ya taɓa ba mu ko auduga mu toshe kunne, alhali auduga muke takawa.

Da abin ya yi yawa, na koyi mota, na yi lasin, na yi ta roƙo har aka mai da ni sashen direbobi. Ban ɓoye wa kowa komai ba. Na gaya wa shugaban gareji, wanda duk muke kira Oga, cewa ina jin oda, ina jin magana in an ɗaga murya, amma gunjin inji ba ya shiga kunnena. Ya ɗaga kafaɗa ya miƙo mini makullin wata tsohuwar mota da wani manaja ya gama yayinta ya bar wa kamfani. Aikina kai saƙo: samfurin yadi zuwa wajen rini a Challawa, akawu zuwa Bompai, wani lokaci ma'aikacin da inji ya ji wa ciwo zuwa asibiti.

Motar tana da agogo biyu a gaban sitiyari. Agogon gudu ya mutu tun kafin a ba ni ita. Ɗayan shi ne agogon inji, wanda allurarsa ke nuna yadda inji ke juyawa: in ka taka totur ta hau, in ka sake ta sauka, can ƙarshe kuma akwai jan layi da ba a so ta kai. Sauran direbobi ko kallonsa ba sa yi, da kunne suke canza giya. Ni kuwa da shi nake tuƙi. Na san inda allurar za ta kai in taka kuloci, na san inda take kwanciya in mota tana tsaye lafiya. Kowace safiya kafin in motsa sai na goge gilashinsa da hannun riga.

Wata damina allurar ta fara rawa. Ina tafiya daidai, ƙafata ba ta motsa ba, sai ta zabura ta taɓa ja, ta faɗo ƙasa, ta dawo. Na rasa wanda ke ƙarya, ita ko ƙafata. Ni mutum ne mai saka abu a rai, na sani. Na dinga tunanin ko injin ne ke shirin bugawa, ko na ɗauko mai ciwo ta tsaya mini a hanyar Challawa inda ba gida ba rumfa. Abinci ya daina yi mini daɗi. Na lura ta fi yin haukan in na faɗa rami, ko in hadari ya haɗo na kunna fitila, na riƙe wannan a raina don in gaya wa mai gyara.

Na kai wa bakaniken gareji. Ina cikin yi masa bayanin ramin da fitilar, ya katse ni.

"Malam direban agogo! To tana hana motar tafiya?"

"Ba ta hana ta. Ni take hanawa."

"Rawa ce dai ba ka so ko? Je ka yi salla ka dawo."

Na dawo na tarar allurar a kwance, ko motsi. Na tayar da mota, na taka totur, ba ta ɗaga ba.

"Me ka yi mata?"

"Ka ce tana rawa. Yanzu tana rawa?"

Duk garejin suka fashe da dariya. Haka ake gyara a wurin nan. In oda ta maƙale a cire wayarta, in fitilar gargaɗi ta kama a cire ƙwan. Abin da ya dame ka a kashe shi, shi ke nan an gama aiki. Na ce masa ya mai da mini ita ko da rawar, ya ce shi ba mai wayarin ba ne, kuma direban kirki da kunne yake tuƙi. Ya san abin da yake faɗa. Ya sani sarai.

Kwanakin da suka biyo baya ban taɓa shan wahalar tuƙi irinsu ba. Ina dafa sandar giya ko zan ji karkarwar injin a tafin hannuna, amma tsohuwar mota ko'ina karkarwa take yi. Wani lokaci in canza da wuri ta dinga fizga, wani lokaci in makara. Rannan na zo ɗaukar akawu a ƙofar ofis, ina so in hau ɗan tudun da ke wajen, sai na ga masu shara sun tsaya suna kallona, akawu ya toshe kunne yana ɗaga mini hannu. Ashe injin ihu yake yi. Labulen ofishin manaja ya motsa.

Kafin azahar Oga ya kira ni.

"Manaja ya ce wane ne yake so ya kashe masa mota."

"Ranka ya daɗe, agogon aka kashe mini. Ku sa a gyara, ba za ku ƙara jin haka ba."

"Kamfani ba ya gyaran kwalliya. In kana so, kai ta inda ka ga dama ranar Lahadi. Litinin zan shiga da kaina mu zaga. In ban gamsu ba, akwai gurbi a ɗakin saƙa."

Ɗakin saƙa! Wato in koma in ba su ɗan jin da ya rage mini.

Ranar Lahadi na lallaɓa da ita, kamar mai koyo, zuwa rumfar wani mai wayarin mota a bakin titin Sharaɗa. Mutumin Filato ne, dattijo, sai da na jira ya dawo daga coci. Ya cire rigar cocin ya rataye a ƙusa, ya sa wata mai baƙin mai. Da na fara bayani ya ga ina karkata kai, sai ya juyo ya fuskance ni sosai, yana magana a hankali ina ganin bakinsa. Bai tambaye ni komai a kan kunnen ba. Ya bar ni na faɗi maganar ramin da ta fitilar har ƙarshe.

Ya buɗe bonet ya nuna mini koyil, wato gwangwanin nan da ke ba filogi wuta. Ya ce daga nan agogon yake samun labari, wata siririyar waya ce ke kai masa. Ya bi da yatsa, sai ga ta an datse da filaya an cusa bayan batir.

"Wa ya yi maka wannan aikin, Malam? Mahauci?"

"Bakaniken kamfani."

"To Allah ya sa ba shi ke yi muku aski ba."

Ni ban yi dariya ba. Ina kallon bakin wayar nan, sabon yanka, jan ƙarfen yana ƙyalli, zuciyata tana tafasa. Abin da bai fi a tsaya a duba ba.

Ya fere bakin wayar, ya haɗa ya liƙe da dalma, ya naɗe da baƙin salatif. Na tayar da mota, allurar ta tashi, ta ɗan tsaya, sai ta koma rawarta. Na ce ko agogon ne ya lalace, don na san ba inda zan samo irinsa. Ya ce in dakata. Ya kara kunne a injin, ya ce wutar lafiya take, ba ta yankewa, don haka ba daga can ba ne. Ya ɗauko wani ƙwan fitila mai waya biyu ya gwada wayar da ke kawo wa agogon wuta, ƙwan ya kama tsaf, bai kifta ba.

"Kunna manyan fitilu."

Na kunna, allurar ta zabura.

"Kashe. Sake kunnawa."

Ta sake zabura. Ya daki saman dashbod da tafin hannu, ta faɗo.

"Ka ga abin da ka gaya mini ne. Wuta tana shiga, hanyar fita ce ba ta da ita."

Ya kwance sukurori ya zaro agogunan gaba ɗaya. A bayansu akwai wata baƙar waya da aka ɗaure da noti a jikin ƙarfen motar. Ya ce ta nan wutar agogo da ta ƙananan fitilun gaban direba suke komawa. Notin ya yi jawur da tsatsa, ga ƙurar auduga ta taru a kansa ta jiƙe ta zama kamar tsumma. Robar gilashin gaba ce ta tsage, duk ruwan da aka yi sai ya ɗiga daidai wajen. Ya taɓa wayar, ta juya a hannunsa.

Ya miƙo mini samfefa ya ce in goge ƙarfen da kaina, shi bayansa ba ya son sunkuyo. Na kwanta a ƙasan sitiyari ina gogewa har ƙarfen ya yi fari. Ya ce ya isa, na ƙara. Ya sa sabon noti ya ɗaure tamau, ya shafa giris, ya toshe tsagar robar. Muka mai da agogunan. Da na tayar da mota, allurar ta hau ta kwanta inda na san ta, shiru. Na kunna fitila, ba ta motsa ba. Muka fita muka nemi ramuka da gangan, har wajen Na'ibawa, ba ta yi gardama ko sau ɗaya ba. Duk da haka sai da na sa shi ya sake taɓa notin kafin in tafi.

"Malam, in ka ƙara sa ni buɗe wajen nan, ni zan fara rawar."

Litinin da safe Oga ya shigo ya zauna a gefena. Muka fita ƙofar kamfani muka ɗauki hanyar Challawa. Na sa giya ta biyu, ta uku, komai sumul. Ina jin sanyi yana shiga raina. Sai kawai ya cire hularsa ya miƙo hannu ya kifa ta a kan agogon.

"Ci gaba."

Na sauka gefen titi na kashe mota.

"Na ce ka ci gaba."

"Ku ɗauke hularku."

"Ni direba nake gwadawa, ba agogo ba."

Ban taɓa ɗaga wa na gaba da ni murya ba, amma ran nan na ɗaga, ban ma san iyakar yadda ta fita ba.

"Ranar da kuka ba ni makullin nan me na gaya muku? Na ɓoye muku? Kunnen da kuke nema yana ɗakin saƙa, a can na bar shi, ku aika a ɗauko! Mai tabarau kuna cire masa tabarau ku ce ya karanta? Ga manyan motoci suna wucewa, ga ranku ga nawa, ba zan tuƙa ku a haka ba. In kun ga dama ku karɓi sitiyarin."

Wata tirela ta wuce ta girgiza mu. Rana ta fara dukan kan Oga ta gilashi, gumi yana tsattsafowa. Can ya ɗauke hular ya mai da kansa.

Muka je Challawa muka juyo, muka ratsa gari har Bompai, cikin cunkoson kekuna da amalanke, muka dawo. Motar ba ta fizga ba, ba ta yi ihu ba. Shi kansa ya san haka, don har gyangyaɗi ya yi a hanyar dawowa. Da na tsaya a gareji na ja birkin hannu, sai ya miƙo tafin hannunsa.

"Tuƙi kam ka iya. Amma ranar da allurar ta sake mutuwa fa?"

"Sai a gyara ta, ranka ya daɗe. Yini ɗaya bai ɗauka ba."

"Kawo makullin."

Na ba shi. Ba zan ce tambayarsa ba ta taɓa zuwa mini ba, ni da nake kwana da irinta. Amma taya ma tana fashewa, birki yana shanyewa, ban ga an kori direba don wata rana birki zai iya lalacewa ba. Abin da kowa ke bukata shi ne kayan aiki, abin da ni kaɗai nake bukata shi ne kwalliya. Kuma na tabbata har da muryar da na ɗaga a bakin titi, ko da yake bai ambata ba.

Na ce ɗakin saƙa kam ba zan koma ba, ko za a sallame ni. Aka yi ta kai da kawowa, daga ƙarshe aka ba ni kaki da kujera a bakin ƙofa, ina ɗaga wa motoci ƙarfe. A nan na ƙarasa shekaruna a kamfanin. Motar aka ba wani sabon direba, mai kunne garau. Kullum sai ya wuce ta gabana ya yi mini oda, ni kuma in tashi in buɗe masa.