Ɗakin da Ntate Sekhonyana Ya Gina wa Karensa

Faɗanmu da maƙwabcina Ntate Sekhonyana a kan ɗakin kare ne. A wajenmu Ntate ake kiran dattijo, mace kuma 'Me. Na leƙo ta saman katangar duwatsun da ta raba mu, na gan shi bisa tsani yana buga kwanon rufi.

Na ce, "Ntate, amarya za ka yi ba mu da labari?"

Ya ce, "Na Sefako ne, 'Me. Bakin nan naki ba ya hutu?"

Sefako ƙaton karensa ne, kai kamar turmi, in ya tsaya bayansa ya kai mini ƙugu. Tun da matar Sekhonyana ta mutu, 'yarsu tilo ta tafi aikin ɗinki birnin Maseru, ba shi da abokin magana sai shi. Tuwon masara ɗaya suke rabawa.

Na zagaya na ga ginin. Mutum zai shiga a tsaye da hularsa, ƙofa kuma wangale, tana kallon dutsen da iska ke gangarowa daga kansa.

Na ce, "Ka gina masa kabari. Kare da jikinsa yake ɗumama ɗakinsa. Ya samu wurin tsayuwa, ya juya, ya miƙe ƙafa, shi ke nan. Ƙofa ma sai wadda zai sunkuya. Wannan zauren ko shanu uku ba za su ɗumama shi ba."

Ya sauko yana tari, irin tarin da mazanmu ke dawowa da shi daga ramin zinariya.

Ya ce, "Kin taɓa kwana a barikin leburori? Gadon siminti, wani a samanka, wani a ƙasanka. In ka ɗaga kai ka ƙume. Ƙuruciyata duka a kwance nake kamar gawa a akwati. Abin da ke hannuna ba zai kwana a matse ba."

Na ce, "Kai ne aka matse, ba karen ba."

Ya ce in fita masa daga gida. Na fita, ina faɗa masa abin da ba zan maimaita ba.

Shekarun farko Sefako na da ƙarfi, ya jure. Yakan ƙudundune a lungu guda, ƙaton kare ya koma kamar tsumma. Da tsufa ya zo masa, sai sanyi ya kama ƙafafunsa na baya. Da safe sai Sekhonyana ya tallabe shi kafin ya miƙe.

Na ce masa ta kan katanga, "Raba ɗakin biyu da katako, tsoho mai taurin kai. Aikin yini ɗaya ne."

Bai raba ba. Bargonsa na fita ya kai masa, ya zuba ciyawa, ya rataya buhu a ƙofa, iska ta yi ta wasa da shi. Na ce to ya shigar da shi cikin gida. Ya gwada, amma karen da ya saba tsaron ƙofa ya yi ta karta yana kuka har aka buɗe masa.

A watan Yuli, tsakiyar hunturunmu, dusar ƙanƙara ta rufe garinmu Butha-Buthe. Sefako ya fara tari, sai ka rasa na wa kake ji, na mutumin ko na karen. Ranar da Sekhonyana ya zo aron zarto zai raba ɗakin, na miƙa masa. Ya yanka katako biyu, numfashi ya gagare shi, ya zauna. Kafin ya gama, karen ya mutu.

Bai rushe ɗakin ba. Ya daina zuwa coci, ya daina hura wuta. 'Yarsa ta aiko za ta zo ta ɗauke shi ƙarshen wata, ya ce ba inda za shi.

Wata safiya na kai masa kunun dawa, na tarar ba ya cikin gida. Yana ɗakin karen, a lungun nan dai, ya naɗe gwiwoyi cikin bargo mai gashin Sefako, katakan da bai gama kafawa ba a gefensa.

Ya ce, "'Me Mapalesa, ashe haka yake ji."

Washegari 'yarsa ta zo da mota, aka wuce da shi asibiti, bai dawo ba. Abin da na faɗa masa a ƙofar ɗakin nan, da ƙoƙon kunu a hannuna, shi ne na ƙarshe.

Na ce, "Fito, Ntate. Bai ɗumama kare ba, kai ma ba zai ɗumama ka ba."